Shekara Shida a Rajistar Lakwal, Ba a Haife Ta Ba Tukuna: Lamarin Wata Ɗaliba a Damagaram

A watan Janairu na 2024 wani daraktan lakwal ya same ni a ofis riƙe da jerin sunaye. Aikina a lokacin shi ne bin makarantun firamare ina duba aikin malamai ina ba su shawara, abin da ake ce wa konseye, ƙarƙashin sufeto. Makarantarsa tana cikin rabona. A shekarar ce gwamnati ta maido da jarrabawar ƙarshen firamare, CFEPD, bayan ta yi kusan shekara goma a soke, aka ce kowane darakta ya haɗa dosiyen ƴan CM2, wato ajin ƙarshe na firamare. Dosiye kuwa ba ya cika sai da takardar haihuwa. Da ya ƙirga ƴan ajin, su 63, sai ya tarar 19 ba su da ita. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

"Mushe konseye, 18 na san inda na dosa da su, iyayensu sun zo mun yi magana. Ɗaya ce ta gagare ni. Sau uku ina aika ta ta kira min babba daga gidansu, shiru kamar an shuka dusa. Abin haushin ma, ita ce ta biyu a aji."

A gefen sunanta ya rubuta da jan bik, cikin Faransanci, cewa iyaye ba su damu ba. Wannan ɗan rubutu shi ya sa na zauna rubuta nazarin nan, domin ba gaskiya ba ne, alhali wanda ya rubuta shi ba maƙaryaci ba ne. Ba zan faɗi sunan yarinyar ba, ba zan faɗi na makarantar ba, kuma ba na neman a hukunta kowa. In ma hukunci za a yi, sa hannuna yana cikin littafin ziyara na makarantar har sau tara.

Abin da rajista ta sani

Na fara da takardu, don su muka iya. Babbar rajistar makaranta, wadda ake shigar da yaro ranar da aka ɗauke shi, ta nuna an rubuta ta a CI, wato ajin farko, a watan Oktoba na 2018. Wurin ranar haihuwa an sa "vers 2011", wato wajejen 2011. Ƙiyasi ne irin na da: a sa yaro ya miƙa hannu ta saman kai, in ya taɓa kunne ya isa shiga lakwal. Wurin lambar takardar haihuwa wayam. Sunan uba akwai, wurin sana'arsa an ja layi. Unguwa: Kara-Kara.

Ɗaukar ta da aka yi babu takarda ba kuskure ba ne, ina so a riƙe wannan tun yanzu. Da makarantun Nijar za su ce sai mai takarda, da azuzuwa da yawa sun zama kango, musamman a karkara. Abin da ake yi shi ne a ɗauki yaro, a ce wa iyaye su kawo daga baya. To a cikin "daga baya" ɗin nan gizo yake saƙa. Shekarun da babu CFEPD, yaro kan wuce kolej da makin da ya tara a aji, sai bin diddigin takarda ya yi sanyi a wurare da dama, wasu yaran sai an zo BEPC, jarrabawar ƙarshen kolej, asirinsu ke tonuwa.

Ita dai ta yi shekara shida ba ta maimaita aji ba. Malamai huɗu sun riƙe ta, daraktoci biyu sun yi zamani a kanta. Duk Oktoba ana ƙirga ta cikin ƴan mata a rahoton buɗe makaranta, rahoton ya zo ofishinmu, mu tura shi ofishin ilimi na jiha, daga nan ya wuce Yamai, inda take zama ɗaya daga cikin lambobin da ake nunawa a ce karatun ƴaƴa mata yana gaba. A wajen ma'aikatar ilimi tana nan da ranta. A wajen masu rajistar haihuwa ba a haife ta ba tukuna.

Gidan

Duk ɗan Damagaram ya san nauyin sunan Kara-Kara. Unguwa ce a gefen gari, cikin duwatsu, inda shekaru da dama da suka wuce aka tattara kutare da makafi da sauran waɗanda gari ba ya son gani kusa da shi. Yau ƴaƴansu da jikokinsu ne suka cika ta, akasarinsu lafiya garau: masu fasa dutse, masu kabu-kabu, masu sayar da fetur na kwalba da ake shigowa da shi daga Najeriya. Amma in ka ambaci unguwar a Birni ko a Zango, abu biyu ne ke faɗo wa mutane a rai, kuturta da samarin "pale", wato gungun samarin unguwa da aka sani da faɗa. Ni a Zango aka yanke min cibiya, na kuma haura hamsin ban taɓa shiga cikinta da ƙafata ba sai wannan karon.

Wata Alhamis da la'asar yarinyar ta shige gaba ina biye ina tura babur. Tafiya take kamar wadda za a kai wa alƙali. Gidan ɗaki ɗaya ne na laka da rumfa, sai akuya biyu. Kakarta tana zaune kan tabarma, hannayenta cikin mayafi.

"Salamu alaikum. Inna, ina wuni? Ni ne malamin da ke zagaya lakwal ɗin su."

"Lafiya lau, ɗana. Wani laifin ta yi?"

Na ce ba ta yi laifin komai ba, hasali ma ita ce ta biyu a aji. Tsohuwa ta juya ta dubi jikarta, ta daɗe tana dubanta. Ashe ba ta sani ba. Can sai ta ce, "Ka ga ban sa an kawo maka ruwa ba. Ba rowa ba ce, ɗana. Na gaji ne da kallon baƙo yana neman dabarar da zai ƙi sha." Na ce wa yarinyar ta kawo. Na sha. Ba zan ɓoye ba, sai da hannuna ya ɗan tsaya kafin moɗar ta kai bakina, kuma tsohuwar ta gani.

Ga labarin kamar yadda ta ba ni. Ta yi cutar tun tana matashiya, ta sha magani har ta gama tun kafin a haifi jikar, amma an gano abin a makare, yatsun hannu sun riga sun tafi. Takarda ɗaya ta mallaka duk duniya, katin shan maganin, yana cikin leda a cikin kwalla. An haifi yarinyar a wannan ɗakin, ungozomar unguwa ce ta karɓi haihuwar, ba wanda ya je ya faɗa a ofishin magajin gari. Uban, wanda shi ne ɗan tsohuwar, ya bi ayarin masu neman zinariya zuwa Jado a 2014, tun daga nan ba amo ba labari. Uwar ta yi wani aure a wani ƙauye wajen Magariya, sabon miji bai yarda da agola ba. Sai kaka.

Ita da kanta ta kai yarinyar lakwal a 2018, ba wanda ya sa ta. Ta ce a layin rubuta yara matan da ke gabanta da na bayanta suka dinga ja da baya har ta zama kamar tsibiri. Mai rubutun ya ce ta tsaya daga nan, ba sai ta matso teburi ba, ya dinga ɗaga murya yana tambayarta tana amsawa. Ta haƙura. Da aka kira taron iyaye na farko ta sake zuwa, ta zauna kan tabarma, kafin a buɗe taro da addu'a tabarmar ta zama tata ita kaɗai. Da aka tashi wani dattijo daga kwamitin makaranta ya same ta, da murya mai taushi, ya ce, "Inna, ba sai kin riƙa wahalar da kanki ba, ki riƙa turo wani." Ta ce min, "To wa zan turo, ɗana? Akuya?"

Washegari yara suka laƙaba wa yarinyar "jikar kuturwa". Kafin ranar ba yaron da ya san daga wane gida take.

"Zuwana ne ya ja mata sunan. Na ce in rashin zuwana zai sa su manta, to na bar zuwa. Kullum nakan raka ta bakin kwalta in dawo."

Saƙon darakta na farko yarinyar ta kawo shi, kaka ta ce ta ba shi haƙuri. Na biyu da na uku ita yarinyar ce ta haɗiye su. Ta gwammace ta rasa jarrabawa da a sake ganin kakarta a farfajiyar makaranta. Wannan shi ne abin da jan bik ya taƙaita da cewa iyaye ba su damu ba.

Bencin baya

Ranar Litinin na koma makarantar ba tare da sanarwa ba. Na shiga CM2, yara suka miƙe suka gaishe ni, na nufi wurin da na saba zama in na zo duba darasi: bencin ƙarshe, jikin bango. Ina zama sai gabana ya faɗi. Kowane benci a ajin yara huɗu ne a matse kamar kifin gwangwani, wani ma biyar. Wannan kuwa mutum biyu ne, ita da wani yaro ɗan unguwarsu. Shekara da shekaru in na zo ajin da take, nan nake zama, saboda nan ne da wuri. Ban taɓa tambayar kaina me ya sa yake da wuri ba.

Da na buɗe ido sai ƙananan abubuwa suka dinga fitowa. Akwai randa da moɗa a bakin ƙofa, ita tana da gorarta a jaka. In ana rabon kaye, yarinyar da ke rabawa takan miƙa wa kowa nasa a hannu, nata kuwa a ajiye shi a bakin benci. Lokacin hutun ƙarfe goma ba wanda ya zage ta, ba wanda ya ture ta. Ba kuma wanda ya kira ta wasa.

Malamar ajin ƴar kwantiragi ce, mai ƙoƙari, shirin darasinta tsaf, sau biyu ina ba ta maki mai kyau. Da na yi mata magana ta ce, "Wallahi Mushe ban taɓa korar ta ba, ban taɓa dukan ta ba. Ita ta zaɓi baya." Ta yi shiru, sannan ta rage murya: "Amma an ce abin gado ne, yana iya ɓoyewa a jiki. Ni kuma ga ni da goyo."

Tsoro ne, ba mugunta ba, kuma tsoron da ba shi da tushe. Kuturta ba a gadon ta. Ƙwayar cuta ce ke kawo ta, wadda wani likita ɗan Norwe mai suna Hansen ya gano a 1873. Ba baki ba ne, ba kuma haɗa kifi da nono ba ne kamar yadda ake faɗa a zaure. Tana cikin cututtuka masu wuyar ɗauka: kusan mutum 95 cikin 100 jikinsu yana kashe ƙwayar da kansa, saura kuwa sai an daɗe ana zama kusa da wanda bai fara shan magani ba. Da zarar an fara magani mutum ya daina yaɗa ta. Maganin haɗin ƙwayoyi ne na wata shida ko wata goma sha biyu, gwargwadon nau'in cutar, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya tana ba da shi kyauta tun 1995. Guntulewar yatsu tabo ne na jijiyoyin da suka lalace kafin a samu magani, ba alamar cewa cutar tana nan ba. Tsohuwar da aka gudu aka bar wa tabarma ba ta da abin da za ta shafa wa kowa. Jikarta kuwa ko ciwon ba ta taɓa yi ba. Mu dai harshenmu ne bai da kalmar wanda ya warke: wanda ya yi masassara ya tashi ba a ci gaba da kiransa mai masassara, amma kuturu kuturu ne har kabari, har ma a ba jikokinsa gadon sunan.

Dattijon kwamitin da ya ce ta riƙa turo wani yana nan, na same shi. Bai musa ba. Ya kawo min hadisin nan da kowa ya haddace na guje wa kuturu. Na ce masa ni ba malamin addini ba ne, amma maganar mai ciwo ake yi, wannan kuwa ta warke tun jikarta ba ta zo duniya ba. Ya ce Allah ne masani. Muka rabu a haka.

Doka ta ce, fom ya ce

Ta fuskar doka ba a bar yarinyar nan a baya ba ko kaɗan. Dokar da ta tsara ilimi a Nijar, wadda ake kira LOSEN, ta ranar 1 ga Yuni 1998, ta ce ilimi haƙƙi ne na kowane ɗan ƙasa, gwamnati ce ke lamunce shi ga yara daga shekara 4 zuwa 18, ba tare da duba jinsi ko asali ko ƙabila ko addini ba. A Disamba 2017 an sa hannu kan dokar kare yarinya mace da tallafa mata muddin tana karatu. A Disamba 2019 an yi dokar shigar da masu naƙasa cikin harkokin al'umma, wadda ta shafi kakar. Majalisar Ɗinkin Duniya ma tun Disamba 2010 ta amince da ƙudurin kawar da wariya ga waɗanda kuturta ta shafa, ta kuma ambaci iyalansu ƙarara. In takarda ce, mun ƙoshi.

Yanzu ga abin da nake dubawa in na shiga aji, kamar yadda fom ɗin ziyara ya shimfiɗa: ko malami ya shirya darasi a rubuce, ko yana tafiya daidai da rabon aikin wata, rajistar kiran suna, tsabtar allo, yadda yake jefa tambaya, ko ana gyara kayen yara, maza nawa mata nawa suka zo yau. Duk abubuwa ne masu amfani, ba na raina su. Sai dai babu layi ɗaya da ke tambayar yara nawa ne ba su da takardar haihuwa. Babu inda aka tambayi wane yaro ne babbansa bai taɓa taka makaranta ba, balle a ce me ya hana. Sa idon da gwamnati ke yi wa ilimi a matakinmu sa ido ne kan malami da takardunsa. Yaro lamba ce da ake tarawa a ƙasan shafi.

A 2017 gwamnati ta tara dubban malaman kwantiragi ta yi musu jarrabawar Faransanci da lissafi, kusan ɗaya cikin uku ne kawai suka sami rabin maki, aka yi ta ce-ce-ku-ce da ƙungiyoyin malamai. Wannan ya nuna in hukuma ta ƙudurta sanin abu, takan san shi cikin ƴan makonni. Ƙirga yaran da ba su da takarda ya fi wannan sauƙi nesa ba kusa ba, tun da gurbin yana nan wayam a kowace rajista, ido kawai yake jira.

Wani abin da ya ƙara dagula lamarin shi ne yarinyar ta faɗa tsakanin gidaje uku. Karatunta na ma'aikatar ilimi ne. Rajistar haihuwa tana hannun ofishin magajin gari, ƙarƙashin ma'aikatar cikin gida. Dokar rajista ta 2019 ta ba da kwana 60 a bayyana haihuwa, kyauta, a lokacin da aka haife ta ma wa'adin bai kai haka ba. In wa'adi ya wuce sai an je gaban alƙali da shaidu biyu ya yanke hukuncin da mutane suka saba kira jugement supplétif, wannan kuma ma'aikatar shari'a ce. Kowane gida yana da gaskiyarsa: mu ba ma ba da takarda, magajin gari ba ya bin gida gida, alƙali ba ya kiran wanda bai kawo kansa ba. Dukansu suna jiran babba ya zo. Tsarin kacokan an gina shi kan cewa kowane yaro yana da wani babba da zai iya shiga ofis ba a ja da baya ba.

Dangwale

Sau uku muka je kotu. Zuwan farko aka ce shaidu su zo da katin ɗan ƙasa. Ungozomar da ta karɓi haihuwar tana raye, ta tuna daren sarai, amma ba ta da kati. Kaka ma ba ta da shi. Wato mutum biyun da suka ga haihuwar da idonsu ba su isa shaida ba. Sai muka roƙi mai unguwa, da wani maƙwabci mai fasa dutse wanda ya san uban tun suna yara. Mai unguwa ya ce, "Malam, ai ɗiyarmu ce, ko yanzu ka ce mu tashi." Zuwa na biyu alƙali yana wani zama. Na uku aka shigar da mu.

Tsohuwar ta sa mayafinta na Juma'a. A kan bencin jira ta zaɓi ƙarshe da kanta, ba wanda ya ce mata. Da aka zo cike takardar buƙata, magatakarda, wani matashi mai ladabi, ya turo mata akwatin tawada ba tare da ya ɗago kai ba.

"Inna, dangwala nan."

Ta fito da hannayenta daga cikin mayafi ta ɗora su kan teburi. Babu babban yatsa a dama, babu a hagu. Yaron ya ɗago, ya dubi hannun, ya dubi akwatin tawadar, ya rasa inda zai sa idonsa. Ya ce, "Yi haƙuri, Inna," ya tashi ya shiga ciki. Ya ɗan jima ya dawo, ya rubuta cewa mai buƙata ba ta iya sa hannu, mai unguwa ya sa a madadinta. Ban ga laifinsa ba. Fom ɗinsa ma, kamar nawa, bai san da ita ba.

Da takarda ta fito an sa ranar haihuwa 1 ga Janairu 2011, kamar yadda aka saba yi wa wanda ba a san ranarsa ba. Yarinyar ta karanta, ta ce min a hankali, "Mushe, kaka ta ce lokacin tumu aka haife ni." Na ce ta riƙe duka biyun, ɗaya na gwamnati, ɗaya nata.

Kuɗin da aka kashe gaba ɗaya, tambur da hoto da kabu-kabu, bai kai jika biyar ba. Amma maƙwabcin ya yi asarar aikin kwana uku, shi kuwa in bai fasa dutse ba ba a ɗora tukunya a gidansa. Cikin sauran 18 ɗin akwai ɗan wani ɗan kasuwa da shi ma ba shi da takarda, sakaci ne kawai na uban. Cikin kwana biyu aka gama nasa, ba wanda ya rubuta wa uban komai da jan bik. Hausawa sun riga sun faɗa, kuturu da kuɗinsa alkaki sai na ƙasan kwano. Ita tsohuwar ga tabo ga babu.

Kafin mu gama, ranar rufe karɓar dosiye ta wuce. Sufeto ne ya yarda a bar sunanta cikin jeri a cike takarda daga baya. Na gode masa har yau. Sai dai alfarma ce ya yi, da wani ne mai tsauri a kujerar, da shi ke nan, kuma ba wanda zai ce ya karya doka.

Wariya ce ko ba wariya ba ce?

Mun yi wannan gardama da darakta a ƙarƙashin bedi, bayan an tashi. Ransa ya ɓaci da na furta kalmar. Ya ce, "Mushe konseye, ka yi min adalci. Saƙo ɗaya na aika wa gida 19. Ban ware ta ba, ban fifita kowa ba." Gaskiya ya faɗa. Kuma mutum ne da ke riƙe da makaranta ba sakatare, yana da nasa ajin da yake koyarwa, ga azuzuwan zana da yake kwana da fargabarsu tun gobarar Yamai da ta Maraɗi a 2021, waɗanda suka ci ran yara fiye da 40 a tsakaninsu. Mu ma da ake ce mu zagaya, sau da yawa man babur daga aljihunmu yake fita. Ba na jin daɗin masu zama a ofis mai sanyi suna zagin darakta.

Duk da haka ra'ayina bai canja ba. Saƙo ɗaya ga gida 19 adalci ne in gidajen duka suna iya amsawa. Ɗaya daga cikinsu an riga an rufe masa ƙofa tun 2018, a farfajiyar makarantar, a gaban malamai, da murya mai taushi. Wariyar ba ranar da aka aika saƙo aka yi ta ba. An yi ta ranar tabarma, aka ci gaba da yin ta kowace safiya a bencin baya, mu kuma masu sa ido muna zuwa muna zama a kanta muna cike fom. Irin wannan ta fi ta mai zagi wuyar kamawa, don mai zagi ana iya kai ƙararsa. Nan kuwa wa za ka kai ƙara? Wadda ta ajiye kaye a bakin benci?

Akan ce maganin matsalar takarda shi ne zaman kotu na tafi-da-gidanka, inda alƙali da ma'aikatan rajista ke zuwa unguwa ko makaranta su yi wa yara da yawa a rana ɗaya. Yana da amfani ƙwarai, na ga ya ceci yara. Amma yakan zo ne in an sami mai ɗaukar nauyi, ya tafi in kuɗi sun ƙare. Kuma ko da an yi shi a wannan makarantar, sai an ce kowane yaro ya zo da babbansa farfajiya. Ita kuwa da ba ta faɗa a gida ba.

Abin da na iya yi kaɗan ne. Na ja layi da hannu a ƙasan fom ɗina na ƙara tambaya biyu: yara nawa ne ba su da takarda tun daga CI, da kuma wa ba a taɓa ganin babbansa ba. Na roƙi daraktocin rabona in saƙo ya tafi sau biyu ba amsa, a taka a je gidan kafin a ɗauki jan bik. A taron ƙara wa juna sani na malamai na gayyato wani ma'aikacin lafiya ya yi awa guda yana bayanin kuturta, malamar CM2 ce ta fi kowa tambaya. Mako biyu bayan nan ta sake rabon wurin zama bisa maki, abin da ya kawo yarinyar benci na farko. Uwar wata yarinya ta zo ta yi ƙorafi, darakta ya tsaya kai da fata, ya ce wurin na mai maki ne. Na kai wa sufeto shawarar a sa tambayoyin biyu cikin fom na kowa. Ya ce shawara ce mai kyau, amma fom daga Yamai yake zuwa. Layin nawa yana nan muddin ni ke riƙe da bik ɗin.

Ta zauna jarrabawar a ƙarshen shekarar karatu, ta ci, aka tura ta kolej.

Daminar 2024 ta zo da ruwan da ba a saba gani ba. Ranar 3 ga Satumba tsohon masallacin laka na Birni, wanda ya haura shekara ɗari da hamsin a tsaye, ya rushe, gwamnati kuma ta ɗage komawa makaranta zuwa 28 ga Oktoba saboda ambaliya. Bangon ɗakin tsohuwar na gabas shi ma ya zube cikin dare. Maƙwabcin ya gaya min da suka fito da ita, kwallar nan ce rungume a ƙirjinta tsakanin dungulmin hannayenta biyu. A cikin ledar yanzu takarda biyu ce, katin magani da takardar haihuwa.

Ranar 28 ga Oktoba an ce sababbin ɗalibai su zo da babba. Mai fasa dutsen ne ya wanke rigarsa ya tafi da ita a matsayin baffa. Kakar ta raka su har bakin kwalta, ta tsaya nan.